Na Gaji Da Cewa "Da Sauƙi"

Saƙon wannan makon da murya ya iso mini. Wani bawan Allah ne daga wani ƙauye a ƙasar Auyo ta jihar Jigawa ya ari wayar ɗan wansa da tsakar dare, ya yi magana ta kusan minti 9. Sau uku ina sauraro kafin in ɗauki alƙalami. Ga abin da ya ce a taƙaice, bayan na cire duk abin da zai sa a gane shi:

"Assalamu alaikum, Malam. Ni manomi ne, shekarata 47, mata ɗaya da 'ya'ya bakwai. Bara da kaka ƙafafuna suka fara kumbura, na ɗauka sanyin fadama ne. Daga Haɗeja aka tura ni Kano, likita ya ce ƙodojina duka biyu sun gaza, sai wanki, wato a riƙa tace mini jini da na'ura. An ce sau uku a mako, ni kuwa in na samu sau ɗaya na gode Allah. Shanun huɗa sun tafi, injin ban ruwa ya tafi, gonar tudu tana jingina. Saura fadamar da na gada. Wana ya ce a sayar, na ƙi, don ita kaɗai zan bar wa yara. Amma ba ciwon ne ya sa na neme ka ba, zuciyata ce. Ba na barci. Na zama mafaɗaci, autana in ya ji motsina sai ya ɓuya. Mutane su cika zaure suna ya jiki, in ce da sauƙi, alhali babu sauƙin. Mai ɗakina takan shiga madafi ta yi kuka, ta wanke fuska ta fito tana yi mini murmushi, tana tsammanin ban sani ba. Ranar da na fara yi mata zancen bashin da ake bina sai ta toshe kunne, ta ce in daina yi wa kaina mugun fata. Tsohuwata kuma ta dage jifa ne. Wani lokaci sai in ji gara Allah ya ɗauke ni su huta. In na yi wannan tunanin sai tsoro ya kama ni, in ce ko imanina ne ya yi rauni, ni da nake jan mutane salla in liman ba ya gari. Ka ba ni shawara don Allah."

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Sannu, ɗan'uwana. Sannu ƙwarai. Allah ya sa kaffara ne, ya kawo maka sauƙi na gaske.

Abin da ya fi tsaya mini a rai cikin maganarka shi ne inda muryarka ta sarƙe, da ka ce "alhali babu sauƙin". Ina jin wata da watanni wannan kalma tana maƙale a maƙogwaronka, sai da ka sami wanda bai san fuskarka ba sannan ta fito. Haka aka tarbiyyantar da mu. Mutum yana kwance ko kai ba ya iya ɗagawa, a ce masa ya jiki, ya ce da sauƙi. Ko ranar da zai cika, in an tambaye shi da safe, da sauƙi zai ce. Ban raina wannan al'ada ba. Akwai ladabi a cikinta, akwai godiyar Allah, akwai tausayin mai dubiya, kada a mayar da shi gida da nauyin zuciya. Amma amsar zaure ce. An yi ta ne don maƙwabci da abokin cin kasuwa da surukin da ya yi tattaki daga nesa. In ta bi mutum har ɗakinsa, har kan shimfiɗarsa, ta zama ita yake faɗa wa matarsa da wansa da likitansa, to ya zama shi kaɗai a gidan da ke cike da mutane. Wannan kaɗaicin nake ji a muryarka, kuma a ganina ya fi rashin barcin cin ka.

Na san shi, don na taɓa zama cikin masu toshe kunnen. Mahaifina, Allah ya jiƙansa, ya yi jinyar kusan shekara biyu a ƙauyenmu, kuma a ƙarshe-ƙarshe ni nake kwana a ɗakinsa. Da rana in masu dubiya sun yi sallama sai ya sa a jingina shi da bango, a gyara masa hula, ya amsa wa kowa da fara'a, har ya tambayi wane ya geronsa ya yi bana. Suna fita sai ya zame ya juya fuska bango. Wani dare ina juya shi don kada gefe ɗaya ya yi gyambo, sai ya riƙe hannuna ya ce, "Zauna, akwai maganar da nake so in bar maka." Na ce, "Haba Baba, wace irin magana ce wannan? Kai da za ka tashi mu yi girbi tare." Ya dube ni, ya saki hannun, ya ce, "To, Allah ya sa." Bai ƙara tayar da zancen ba. Kwana 19 bayan nan ya rasu. Har yau ban san abin da ya so ya faɗa mini ba. A lokacin gani nake ƙarfafa masa gwiwa nake yi. Sai daga baya na gane tsorona ne na kasa ɗauka, na bar shi da kayansa ya ɗauka shi kaɗai.

Ka ce ko imaninka ne ya yi rauni. A'a, ɗan'uwana. Annabi Yakubu, alaihis salam, shi ya ce "fa sabrun jamil", haƙuri kyakkyawa, kuma shi ɗin ne dai Alƙur'ani ya ce idanunsa sun yi fari saboda baƙin ciki. Da 'ya'yansa suka ce masa ba zai daina ambaton Yusufu ba sai ya halaka, bai ce musu da sauƙi ba. Cewa ya yi, a aya ta 86 ta Suratu Yusuf, wurin Allah yake kai ƙarar damuwarsa da baƙin cikinsa. Annabi Ayuba da muke buga misali da haƙurinsa ya buɗe baki ya ce wa Ubangijinsa cuta ta shafe shi, Shi ne kuwa mafi jinƙan masu jinƙai. Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, ya zubar da hawaye ranar da ɗansa Ibrahim yake cikawa, ya ce ido yana hawaye, zuciya tana baƙin ciki, amma ba ma faɗin sai abin da Ubangijinmu ya yarda da shi. A farkon ciwon da ya zama ajalinsa ma, da Nana A'isha ta ce wayyo kaina, sai ya ce a'a, ni ne dai wayyo kaina. Su wa muka fi tawakkali a cikin waɗannan? Abin da malamai suka hana shi ne fushi da hukuncin Allah, mutum ya riƙa ganin an zalunce shi. Ka ce jikinka yana ciwo, zuciyarka ta yi nauyi, kana tsoron abin da zai sami yara a bayanka, duk wannan ba ya ciki. Tsoron nan da ke kama ka in tunanin ya zo, wanda imaninsa ya tafi ai ba ya jin sa.

Sai batun faɗa da rashin barci. Aikin ƙoda tace jini ne. In ta gaza, dattin da ya kamata ya fita ta fitsari sai ya taru a jini, ya zagaya ko'ina har ƙwaƙwalwa. Shi ke kawo ƙaiƙayin da ke tashi da dare, da tashin zuciya, da ƙin abinci, da ƙafafu su ƙi zama wuri ɗaya in an kwanta, da saurin hasala. Ƙoda ce kuma ke aika wa ɓargo saƙon ya ƙera jini, shi ya sa mai wannan ciwo jininsa ke ƙaranci, ya riƙa jin kamar an zare masa laka. Wanda aka ce ya yi wanki sau 3 a mako, kowanne wajen awa 4, yana samun sau 1, dole dattin ya yi masa yawa kafin ranar ta zagayo. Ka lura da kanka ko ba kwanakin da ke gab da wanki ne ka fi yin faɗa ba. Halinka bai lalace ba. Ban ce wannan ya ɗauke maka haƙƙin yaron da kake daka wa tsawa ba, amma gara mutum ya san da wa yake kokawa.

Don haka in ka je wanki likita ya ce ya jiki, ka tuna ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ka ce masa awa kaza kake barci, ƙaiƙayi yana hana ka sakat, ka zama mai fushi, kana tunanin mutuwa. Yawancin waɗannan akwai abin da ake yi a rage su, amma likita yana da layi a gabansa, in ka ce da sauƙi zai rubuta da sauƙi ya kira na gaba.

Akwai kuma ciwon damuwa, wanda ciwo ne mai zaman kansa, yana kuma yawan biyo duk wata jinya mai tsawo. In mutum ya yi mako 2 ko fiye zuciyarsa a dagule kusan kullum, abin da yake jin daɗinsa a da ya daina yi masa daɗi, ko labaran rediyo ya daina kunnawa, yana ganin kansa kaya ne a wuyan mutane, to lokacin ganin likitan ƙwaƙwalwa ya yi. Akwai sashensu a Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano, akwai asibitin Dawanau, akwai na Kazaure a nan Jigawa. Na san abin da mutanenmu ke cewa in an ji sunan Dawanau. Kada ya dame ka, da yawa daga masu zuwa can da ƙafarsu suke zuwa, su karɓi magani su koma kasuwa. Ka dai tabbata ka gaya musu kana wankin ƙoda, don adadin maganin da jikinka zai ɗauka ba ɗaya yake da na kowa ba. Saboda wannan dalilin ne ma nake roƙonka kada ka aiki yaro kemis ya sayo maka maganin barci.

Ba zan tsallake maganar nan ta "gara Allah ya ɗauke ni su huta" ba. Masu doguwar jinya da yawa sukan faɗe ta, galibi gajiya ce ke magana. Amma zan tambaye ka kai tsaye, kamar yadda zan tambayi ƙanina: tunanin ya taɓa kai ka ga shirya yi wa kanka wani abu da hannunka? Ka taɓa ƙin zuwa wanki da gangan alhali kuɗin yana nan? In amsar i ce, kada ka kwana da ita. Ka faɗa wa wanka a ranar, a kwashe maganin feshi da na ɓera daga inda hannunka ke kaiwa, a tafi asibiti ba sai ranar wanki ta zo ba. In kuwa bai kai nan ba, ga addu'ar da Manzon Allah ya koya wa wanda cuta ta ishe shi, bayan ya hana fatan mutuwa: Allah ka raya ni matuƙar rayuwa ce mafi alheri gare ni, ka karɓi raina in mutuwa ce mafi alheri gare ni. Ka ga ya san akwai ranar da mutum zai kai nan, shi ya sa ya tanadar masa abin faɗa. Batun su huta kuwa, lissafin ciwo ne. Matar da ke ɓuya a madafi tana kuka ba hutu take nema ba.

Wata likita 'yar Ingila, Sisili Sondas, ta buɗe wani gida a Landan a 1967 don kula da waɗanda ciwonsu ba ya jin magani. Abin da ta yi ta koya wa likitoci shi ne raɗaɗin irin wannan majinyaci ba a jiki kaɗai yake ba. Akwai na zuciya, akwai na iyali da dukiya da matsayin mutum a cikin jama'a, akwai na tsakaninsa da Mahaliccinsa, kuma kowanne yana rura ɗan'uwansa. Ba ka san ta ba, amma duk ka lissafa su cikin minti 9. Wanda ba ka kira sunansa ba, alhali shi na fi ji a ƙarƙashin maganarka, shi ne na matsayi. Mutumin da ya saba shi ke fita da asuba da shanu, shi ke buɗe rumbu, shi ake aiko wa in an rasa kuɗin magani a dangi, yau shi ake haɗa wa kuɗin mota. Hannun da ya saba miƙawa ya koma karɓa. Wannan yana da zafi, kuma ba girman kai ba ne jin zafinsa.

Sai dai ciwon ƙarfinka ya ɗauka, bai ɗauki saninka ba. Wa ya san fadamar nan kamar kai? Wa ya san kusurwar da ruwa ke kwanciya in kogi ya kawo, da lokacin da ake zuba iri don dashe ya zo daidai, da shinkafar da ke jure ambaliya da wadda ke ruɓewa? Babban ɗanka yana buƙatar wannan, ko ka yi shekara 20 nan gaba ko ba ka yi ba. Ranar da jikinka ya ɗan saki, a ɗauke ka a babur a shimfiɗa maka tabarma a inuwa bakin gona, ka nuna da sanda. Da dare a kawo maka lissafin abin da aka kashe, kai ka ce a yi kaza a bar kaza. Iyali kan ɗauke wa majinyaci komai don tausayi, har shawarar gidansa su daina kawo masa, ba su san suna ƙara kwantar da shi ba. Ka gaya musu da bakinka kana so a riƙa kawo maka.

Autan nan kuma, gobe da safe ka kira shi. In ya noƙe kada ka matsa, ka sa a ba shi butarka ya kawo maka. Ka ce masa, "Baba ba shi da lafiya, ciwon ne ke sa shi faɗa, ba kai ka yi laifi ba." Yara suna gani, kuma in ba a gaya musu komai ba sukan ɗauka su ne sanadi. Ka mayar da shi ɗan aikenka. Ya riƙa kawo allonsa kana biya masa. Wannan aikin a zaune ake yin sa.

Mai ɗakinka tana inda nake a daren da na hana mahaifina magana. Ta san abin da ka sani. Kai kana ɓoye mata don kada ta karaya, ita tana ɓoye maka don kada ka karaya, kowa yana gadin ɗan'uwansa daga abin da duk kun sani. Wani sai ya fara, kuma ina ganin kai ne, don ita kunya da tsoro ba za su bar ta ba. Amma kada ka fara da bashi. Da ta ji bashi, likkafani take gani. Ka bari bayan isha'i, yara sun kwanta, ka ce ta zauna. Ka ce mata ka san tana kuka a madafi, kuma ka fi so ta yi shi a gabanka. Ka ce mata kai ma kana jin tsoro. Za ta yi kuka, ka bar ta ta yi, kada ka ce ta yi shiru. Wataƙila daren farko iyakar abin da za a yi ke nan, ya kuma isa. Ka tambaye ta ita wa take faɗa wa nata, don mai jinya ma jinya take buƙata. In tana da yaya ko ƙanwa da za ta zo ta kama mata aiki kwana biyu ta samu ta runtsa, a aika a kira ta.

In an kwana biyu sai ka kawo zancen wasiyya, kuma ka kawo shi ta ƙofar addini, don nan ne ba za ta iya cewa mugun fata ba ne. Hadisin Abdullahi ɗan Umar ya ce bai kamaci Musulmin da ke da abin yin wasiyya ya kwana biyu ba face wasiyyarsa tana rubuce a wurinsa. Bai ce marar lafiya ba, Musulmi ya ce. Ka ba ta labarin Sa'adu ɗan Abi Waƙƙas. Ya kwanta ciwo a Makka shekarar Hajjin Bankwana har ya fid da rai, Annabi ya zo duba shi, suka yi maganar dukiyarsa a fili, aka tsaya a kan sulusi. A lokacin 'ya ɗaya gare shi. Ya tashi daga wannan ciwon, ya jagoranci rundunar Ƙadisiyya, ya haifi 'ya'ya da yawa, ya rayu fiye da shekara 40 bayan nan. Wasiyya ba ta jawo ajali. Ka kira liman da wani dattijo da ka amince da shi, a rubuta wanda ke binka da wanda kake bi, da sharuɗɗan jinginar gonar tudu, da iyakokin fadama. Ina kyautata zaton wani kaso na abin da ke hana ka barci zai koma kan takardar nan ya bar ƙirjinka.

Fadamar kuwa, ba ni zan ce maka sayar ko kar ka sayar ba, mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Wanka yana da hujja, an umarce mu da neman magani, kuma shi ƙaninsa yake gani yana ƙarewa. Kai ma kana da hujja. A wannan hadisin na Sa'adu ne aka ce ka bar magadanka da abin hannunsu ya fi ka bar su suna roƙon mutane, ko da yake a kan sadaka aka yi maganar, ba a kan magani ba. Abin da ba na so shi ne ka yanke hukuncin kai kaɗai, da ƙarfe biyun dare, da zuciyar da ke ce maka kai kaya ne. Ku je da wanka wurin likita, ku roƙe shi ya ba ku minti goma ya faɗa muku gaskiya. In an ci gaba da wanki sau ɗaya a mako, me za a sa rai? Kuɗin fadamar wanki nawa zai biya, wata nawa ke nan, bayan ya ƙare kuma sai me? Dashen ƙoda, wanda ake yi a asibitin Malam Aminu Kano tun 2002, zai yiwu a kanka, kuma nawa ne kuɗin maganin da ake sha har ƙarshen rai bayansa? In wankin ya gagara gaba ɗaya, wace kulawa za a ci gaba da ba ka? Don akwai ta: ana rage kumburi da tashin zuciya da ƙuncin numfashi da magunguna da tsarin abinci, ba a cewa a koma gida kawai a jira. Ku tambayi ofishin walwalar marasa lafiya na asibitin, ku tambaya ko akwai wurin wanki na gwamnati da ya fi kusa da ku ko mai rangwame, ku bi ta hannun dagaci ku kai kuka kwamitin zakka na masarauta. Zakka haƙƙin irinka ce, ba bara ba ce. Tsakanin sayarwa da ƙin sayarwa ma akwai hanya: a ba da ita haya na rani ɗaya, ko a yanki wani ɓangare. Duk abin da za a yi, mai ɗakinka da babban ɗanka su ji da kunnensu, don kada wata rana ɗaya ya ce an sayar da gadonsa, ko ɗaya ta kwana da cewa ƙasa aka zaɓa a kan ranka.

Tsohuwa kuma kada ka yi musu da ita. Uwa in ta ce jifa ne, neman abin da za ta iya yaƙa take yi, don ba ta iya zama ta zuba ido. Ka gaya mata a hankali cewa ba kai kaɗai ba ne, an daɗe ana kuka da yawan ciwon ƙoda a garuruwan da ke bin kogin nan daga Haɗeja har Gashuwa, masana na ta bincike a kan dalili. Sannan ka ba ta aikin yi. Ta yi maka tofi, ta ɗora hannu ta yi addu'a, ta yi sadaka da sunanka, addu'ar uwa ba ta faɗuwa ƙasa. Inda za ka tsaya kyam shi ne jiƙe-jiƙe da sassaƙe. Ƙodar da ta gaza ba ta iya fitar da abin da ke cikinsu, kuma wasu na iya tara sinadarin da ke tsayar da zuciya farat ɗaya. Ko rubutu ne aka kawo, a yi shi ɗan kaɗan, a lissafa shi cikin ruwan da likita ya ƙayyade maka a yini. Haka haɗin kemis na ciwon jiki da manoma ke sha in sun dawo gona, irin su ibufurofen da diklofenak, ka yi nesa da su. In tsohuwa ce ta karɓi gadin tukunyarka, ta hana gishiri da dunƙule da kanwa shiga, ka ga ta sami abokin gabar da za ta iya da shi.

Masu dubiya kuwa, ka ci gaba da ce musu da sauƙi, nan ne gurbinta. Amma ba dole ne ka fito wa kowa ba. Wanka ya tsaya a zaure ya karɓi gaisuwa, ya ce ka samu barci. Mu kuma masu zuwa dubiya, don Allah mu taƙaita zama, mu bar ba wa majinyaci labarin wane da ya yi irin ciwon bai kai wata uku ba, mu bar rubuta masa magani. Wanda ke da hali ya sa kuɗin mota ƙarƙashin matashi, ko ya tura yaransa su taya cirar ciyawa.

Saura dare, wanda na san shi ya fi tsawo. In barci ya ƙi, kada ka kwanta kana kokawa da shi. Ka tashi zaune ka jingina, numfashi ma ya fi sauƙi a haka in akwai kumburi. Ka ɗora hannu inda ke ciwo ka yi bisimilla sau 3, ka ce "a'uzu billahi wa ƙudratihi min sharri ma ajidu wa uhaziru" sau 7, kamar yadda Annabi ya koya wa Usmanu ɗan Abil Asi. Ƙarshenta nake so ka riƙe: sharrin abin da nake ji, da abin da nake tsoro. Har tsoron gobe an sa a ciki. In tsayuwa ta gagara ka yi salla a zaune, in zama ya gagara ka yi a kishingiɗe, haka aka ce wa Imrana ɗan Husaini. Kuma ya tabbata a hadisi cewa bawa in ya yi ciwo ana rubuta masa ladan abin da ya saba yi yana da lafiya. Sallar da kake jan mutane, da sahun farkon da ƙafarka ta daina kaiwa, alƙalami bai tsaya ba.

Ka sake aron wayar ɗan wanka nan da mako biyu. Ina so in ji me likita ya ce da ka faɗa masa batun barcin da tunanin nan, me mai ɗakinka ta ce a daren da ka sa ta zauna, da kuma ko autan ya kawo butar. Allah ya ba ka lafiya, ya ba ta ladan jinya, ya raya muku yaran nan.